Uwani Mai Magogi

Duk matar da ta taɓa soya ƙosai ko dafa alewar kwakwa a titunan Bahiya, wani birni a ƙetaren teku, a wancan zamani ta san rumfar Uwani da ke unguwar Barokinya. Ludaya da matsamai ne rataye tun daga bakin ƙofa har ƙurya, ga kasake jere a ƙasa, ga mai rumfar zaune a tsakiya, baƙa doguwa, ba ta yawan dariya. Amma kafin rumfar, Uwani baiwa ce.

Tana 'yar budurwa aka kamo ta daga wani ƙauyen maƙera a ƙasar Zamfara. Aka yi ta sayar da ita hannu zuwa hannu har bakin teku, aka haye da ita, ta ƙare a madafar wata Baturiya mai suna Dona Matilda, a unguwar masu hali ta Bitoriya. Sana'ar gidan ita ce alewar kwakwa. Dona Matilda ba ta taɓa riƙe muciya ba. Bayi mata ke dafawa, su kuma ke ɗauka a tire su zaga gari, da yamma su zube mata ciniki.

Aikin da kowa ke gudu a madafar shi ne gugar kwakwa. Wani guntun gwangwani ne aka huhhuda da ƙusa, mace ta riƙe shi da hagu ta goga da dama. Kafin a cika kwano ɗaya yatsu sun fashe, in kuwa jini ya ɗiga a kwakwar, bulala ce. Uwani ta yi shekaru tana wannan, tana kuma tuna maƙerar ubanta, yadda yakan ce kayan aikin da ke cin mai shi bai ƙeru ba tukuna.

Wata Lahadi da aka sake su hutu, ta gangara Agwa di Meninos, bakin ruwa kusa da barikin sojan doki. A can wani Bahaushe 'yantacce mai suna Sulaimanu ke da maƙera. Mutumin Kano ne, yana yi wa dawakin soja takalma, yana yi yana tsaki, don sojan nan su suka karkashe abokansa shekarar da Musulmi suka yi bore. Ta gaishe shi, ta tsuguna, ta zana wani abu a toka da yatsa.

"Wannan kuma fa, 'yar maƙera? Mashi ne?" in ji shi.

"Magogi ne, Malam. Ƙarfe kamar tafin hannu, a yi wa bakinsa haƙora kamar zankon zakara, a kafa shi a goshin 'yar kujera. Mace ta zauna a kai, nauyinta ya danne shi, hannayenta duka biyu su riƙe bayan ƙoƙon kwakwa. Yatsa ba zai kai ga ƙarfe ba."

Na farko da ya ƙera haƙoransa sun yi tsawo, suna kankaro har ɓawon. Na biyu ya lanƙwashe. Ta yi ta dawowa tana sa shi gyara, har ya ce bai taɓa ganin mace mai tsanani irin nata ba. Da aka dace, aikin da mata huɗu ke wuni suna yi sai ga mace ɗaya ta gama kafin hantsi ya yi zafi.

Dona Matilda ta ji daɗi, har ta yarda Uwani ta riƙa biyan murgu, wato ta fita neman na kanta, ƙarshen mako ta kawo wa uwargijiya rabonta. Uwani ta ɗora magogai a ka ta shiga wurin matan Yarbawa masu tuya a bakin hanya. Sulaimanu na ƙerawa, tana sayarwa, suna rabawa. A shekarar 1851 ta fanshi kanta.

Sai dai ta bar rabin ranta a gidan. Tana da 'ya ɗaya, Altine, wadda ubanta ɗan dako ne da ya riga ya rasu. Yarinyar a cikin bauta aka haife ta, don haka dukiyar Dona Matilda ce. Ranar da Uwani za ta fita, uwargijiyar ta yi mata alkawari a gaban mijinta: ranar da ta kawo kuɗin fansa, ta tafi da 'yarta.

Ana nan sai cinikin gidan ya fara ja da baya, don mata da yawa sun samu magogi, alewar kwakwa ta yi araha. Dona Matilda ta aika aka kira Uwani.

"Daga yau ba ki ƙara sayar wa kowa wannan abin. A madafata kika ƙirƙiro shi, na gidan nan ne."

"Sinya," in ji Uwani, haka bayi ke kiran uwargijiya, "da shi nake tara fansar Altine. In na daina, da me zan karɓe ta?"

"Ke kika sani. Ni dai na faɗa miki."

Uwani ba ta daina ba. Ta ƙara ƙaimi ma, don ta ga saura ƙiris. Ranar da kuɗin suka cika ta ƙulle su a bakin zani, ta sayi ɗankwali sabo na yarinya, ta hau tudu zuwa Bitoriya. A ƙofar baya ta tarar da Kande, abokiyar aikinta a madafa tun suna 'yan mata. Kande na ganinta ta ɗora hannu a ka.

"Uwani, an tafi da ita. Shekaranjiya wani dillali ya zo, Sinya ta miƙa masa ita. Sun ce jirgin kudu."

A shekarun nan an hana kawo bayi daga ƙetare, sai dillalai suka koma saye a Bahiya suna kaiwa gandayen gahawa na kudu, inda wanda ya tafi ba a ƙara jin ɗuriyarsa. Uwani ta sheƙa gangare har tashar jiragen ruwa, ta yi ta tambaya. Jirgin ya tashi tun jiya. Ta sake hawowa, ƙafafunta duk jini, ta tsaya a ƙasan baranda inda Dona Matilda ke zaune ana yi mata fifita.

"Sinya, ga kuɗin nan. Ki faɗa mini garin da aka kai ta kawai, in bi ta."

Matar ta leƙo ta dube ta. "Ai na gargaɗe ki," ta ce. Ta juya ta ce a rufe ƙofa.

Daga nan maƙera Uwani ta nufa. Ba ta yi sallama ba, ta zari wata wuƙar yanka nama da aka gama wasawa. Sulaimanu ya tare ƙofa.

"Matsa mini, Malam."

"Ba zan matsa ba. In kin kashe ta a rataye ki, a yi wa su Kande dukan da ba za su tashi ba. Kuma mutum ɗaya da ya san inda Altine take kin tura shi kabari da kanki."

Ta daɗe tsaye tana huci. Can ta ajiye wuƙar a kan uwar maƙera.

"To, ba zan kashe ta ba. Allah ya ba ta tsawon rai. Ina so ta ga kome da idonta."

Da kuɗin fansar Altine ta kama hayar rumfa a Barokinya. Abu na farko da ta yi shi ne tona asirin madafar. Alewar Dona Matilda tana da suna a gari saboda farinta da ƙamshinta, kuma Uwani ce ta yi shekaru tana dafa ta. Duk wadda ta sayi magogi, sai ta zaunar da ita ta koya mata kyauta: yadda ake tace sukari, lokacin da ake jefa kanumfari da ɓawon lemun tsami, irin kumfar da in ta taso ake sauke tukunya. Ba a jima ba kowace kusurwa ta birnin, daga kan tudu har gangaren bakin teku, akwai mai irin alewar, a rabin farashi.

Ta ci gaba da fito da sababbin kaya. Ta lura mai na gangarowa ta jikin matsami yana ƙona masu tuyar ƙosai, sai ta sa aka lanƙwasa mariƙinsa kamar wuyan balbela, man ya riƙa ɗiga a kasko. Ta yi ɗan murhun ƙarfe mai hannu biyu da mace za ta ɗauka ta dafa a inda take sayarwa. Shekarar annobar amai da gudawa, da mutane suka tsorata da abincin titi, ta yi tire mai murfin raga wanda ƙuda ba ya shiga, matan da suka saya su kaɗai suka yi ciniki. Sulaimanu ya bar takalman dawaki, ya ɗauki ma'aikata. Amma ko cokali ba a sayar wa gidan Bitoriya. In an aiko baƙuwar fuska, Uwani sai ta tsare ta da tambaya har ta gano, ta ce, "Ki gaya wa Sinya kayan sun ƙare."

Sai kuma ta koma kan matan madafar. 'Yan Afirka na garin suna da adashin fansa, wanda ake zubawa don fitar da wani daga bauta. Uwani ta zama mai zubi mafi tsoka, sharaɗinta ɗaya: a fara da matan Dona Matilda. Uwargijiyar tana cikin matsi, mijinta ya mutu a annoba, ɗanta tilo ɗan caca ne, dole ta riƙa sakin su ɗaya bayan ɗaya. Kowace ta fito, Uwani ta ba ta murhu da tire, ta nuna mata inda za ta zauna, kuma kullum a kan hanyar da tiren gidan ke bi. Kande ce matar ta ƙi saki ko nawa za a biya, don ita ce hannun damanta, sai da doka ta zo ta ce bawan da ya kawo fansarsa dole a karɓa.

Sulaimanu, wanda furfura ta riga ta rufe, yakan yi mata magana.

"Uwani, kin samu rufin asiri, kin fitar da bayin Allah. Ki bar matar nan haka. Wutar da kike zugawa ke ma tana cinki."

"Ta ci, Malam. Jiya na ga wata yarinya ɗauke da tulu, daga baya kamar Altine, har na bi ta. Sai na tuna Altine yanzu ta isa ta haifi wannan. Ka ce in bari?"

Sai ya koma kan zuga-zuginsa.

Kusan shekara ashirin bayan tafiyar Altine, ɗan Dona Matilda ya sayar da gidan ba da saninta ba, ya shiga jirgi ya ɓace. Aka sa ranar gwanjon kayan ciki. Uwani ta sa farin leshi, ta yafa mayafi mai ratsi, ta zuba awarwaron azurfa, ta hau Bitoriya da ma'aikatan maƙera biyu. Ba ta taya kujera ko madubi ba. Manyan tukwanen tagullar da ta yi ƙuruciyarta tana kankarewa su ta saye duka. Ta sa aka fito da su tsakiyar titi, ta ce wa mazan su sa masaba. Suka yi ta duka, ƙarar ta cika unguwa, maƙwabta suka fito baranda suna kallo, har tukwanen suka koma faifai.

Sannan ta shiga. Ta sami Dona Matilda a ɗakin da aka kwashe kome, zaune a kan akwati, ta tsufa, baƙar rigarta ta koɗe. Danginta babu wanda ya zo.

"Kin zo dariya ne?" in ji tsohuwar.

"Ciniki na zo, ai ni 'yar kasuwa ce. Ina da ɗaki a bayan rumfata, da abinci. Ki faɗa mini sunan dillalin da garin da ya kai 'yata, ki zauna a can har ƙarshen ranki."

"Ni? A gidan baiwata?"

"Ko matakalar coci, tare da mabarata. Ki zaɓa kafin masu gidan su zo da kwaɗo."

 Daga ƙarshe tsohuwar ta faɗi sunan mutumin da na wani gari a bayan duwatsun birnin Riyo, can kudu.

Haka Dona Matilda ta koma Barokinya. Uwani ta ce gidanta ba a cin na banza, ta ba ta aikin goge tsatsar kasake da yashi a tsakar gida, daidai inda duk mai shigowa rumfa zai hango ta. Matan da ta taɓa sa wa bulala suka riƙa zuwa ko ba su da abin saye, su tsaya su ce, "Sannu da aiki, Sinya." Abincinta ƙanzo ne da abin da ya ragu. In hannunta ya fashe ta yi kuka, Uwani kan leƙo ta ce, "Kula dai, kada jini ya taɓa mini kaya."

A gefe guda ta nemi wani matuƙin jirgin ruwa mai suna Audu, Bahaushe da ke zirga-zirga tsakanin Bahiya da Riyo, ta danƙa masa kuɗi da sunayen. Ya tafi ya dawo hannu rabbana, dillalin ya mutu. Ya sake tafiya, ya gano an sayar da Altine gaba zuwa wani gandun. A tafiya ta gaba ya same ta, mai gandun kuma ya yarda ya sake ta, don ta daina moruwa sosai.

Ranar da suka iso da hantsi, Uwani na tsaye bakin rumfa. Ta ga Audu tafe, bayansa wata mata ramammiya mai furfura a goshi, tana jan ƙafa ɗaya, yatsun hannunta na dama sun ƙandare. Da ba don tsagar da ita da kanta ta yi mata a kumatu tana jaririya ba, da ba ta gane ta ba.

"Altine," ta ce, "Inna ce. Kin gane ni?"

Matar ta dube ta, ta dubi Audu. Hausa ta gudu daga bakinta tuntuni. Sai da Uwani ta maimaita da gurguwar Fotugis ɗinta, harshen ƙasar, sannan ta gyaɗa kai, ta bari aka rungume ta, jikinta sandare kamar itace.

Uwani ta ja ta zuwa tsakar gida don ta nuna mata abin da ta tanadar mata. Dona Matilda na tsugune gaban kasko, ta ɗago kai. Altine ba ta gane uwarta nan take ba, amma wannan fuskar ta gane ta. Ƙullin kayanta ya faɗi. Ta sunkuyar da kai, ta durƙusa a ƙasa, ta miƙa hannu tana neman albarkar uwargijiya yadda ake koya wa bayi.

Uwani ta ji kamar an zuba mata narkakkiyar dalma a ƙirji. Ta fizge 'yarta ta miƙar da ita, ta zari muciya ta yi kan tsohuwar.

"Ke za ki durƙusa mata! Sa goshinki a ƙasa! Ki dubi hannunta, ki dubi ƙafarta!"

Dona Matilda ta kifa goshi a yashi. Mata suka cika ƙofa. Uwani ta juya don ta ga fuskar Altine, sai ta tarar ta shige ɗaki ta takure a lungu ta toshe kunnuwa.

Sai da rana ta yi sanyi Altine ta yi magana, a hankali, cikin Fotugis.

"Inna, ki fitar da ita. Ba zan iya tashi kullum in gan ta ba."

"Domin ki na ajiye ta. Shekara da shekaru nake gina wannan ranar."

"Ni ban roƙi wannan ba. Ina da ɗa a can, Inna. Ya fara tasawa, ya fi ni tsawo. Mai gandun ya ce ni zai saki, shi kuwa a'a. Da na hau keken shanu ya biyo mu a guje har aka kama shi."

Uwani ta zauna daɓas. Ba ta san tana da jika ba sai a wannan lokacin, kuma ta ga cewa bautar da ta zaci ta gama da ita ta riga ta kama wani.

Da gari ya waye ta ɗaure wa Dona Matilda tsummokaranta, ta sa aka kai ta matakalar wata coci a gangaren bakin teku aka ajiye. Sulaimanu ya dogara sandarsa ya hawo tudu da ya ji labari.

"Alkawari fa, Uwani? Kin ce har ƙarshen ranta."

"Irin wanda ta yi mini na yi mata."

"Ita ba ta san Allah yadda kika san shi ba."

"To in na je gabansa zan yi bayani da bakina."

Ya girgiza kai ya koma. Bai ƙara tayar da maganar ba har ya rasu. Dona Matilda ba ta kai ƙarshen damina ba. Da Kande ta kawo labarin, Uwani na cikin nuna wa wani maƙeri yadda zai yi ludayi mai madaurin fata, wanda Altine za ta iya riƙewa da ƙandararrun yatsunta. Ta ce, "To," ta ci gaba da bayani.

Sauran shekarunta a kan jikan suka ƙare. Ta raɗa masa suna Yusufu ba ta taɓa ganinsa ba. Audu ya yi ta kai tayi, mai gandun na ƙi, don samari masu ƙarfi sun yi tsada a kudu. Altine ta koyi ciniki, ta riƙe rumfa, Hausa kaɗan ta dawo bakinta, amma ba ta taɓa sakewa da uwarta sosai ba, kuma Uwani ta san haka.

Ciwon ajali ya kama ta a farkon shekarar 1888. Wani tsohon malami, cikin 'yan Hausawan da suka rage a garin, ya zo ya zauna a gefenta ya ce ta yafe wa duk wanda ya zalunce ta, ta tafi da sauƙi.

"Na yafe wa wanda ya kamo ni," ta ce, "na yafe wa masu jirgi. Mace ɗaya ce ban yafe wa ba. Ta riga ni zuwa, ta jira ni a can."

Malamin ya yi ta lallashi, ba ta sake ba. Ta yi kalmar shahada ta cika.

Watanni kaɗan bayan haka aka soke bauta a ƙasar baki ɗaya. Kafin ƙarshen shekara wani dogon mutum mai tabon bulala a wuya ya tsaya a bakin rumfa yana tambayar wata mai suna Altine. Sunan da ya sani nasa Tome ne, bai taɓa amsa Yusufu ba. Kande ce ta kai shi kabarin kakarsa, ya tsaya ya cire hula, sannan ya tambaye ta ko wace irin mace ce.